Abin da Ke Cikin Layar Goggo

Gara ce ta jawo komai. Da ba ta ci kantocin laburaren makarantarmu ba, da shugabar makaranta ba ta sa mu kwashe littattafai mu shanya a rana ba, ni kuma da ban taɓa ɗora ido a kan littafin nan ba. Lokacin ina koyar da tarihi a wata sakandaren 'yan mata a nan Daura, a shekarun farko da aka ƙaddamar da shari'a, sa'ad da kowane gida ke ta binciken kansa, ana ware abin da ya halatta da abin da ya haramta.

Littafin ba shi da bango. Gara ta cinye shi har da shafin da ke ɗauke da sunan marubucin. Da Turanci aka rubuta shi, kuma magana yake a kan yadda bauta ta ƙare a ƙasar Hausa bayan zuwan Turawa. Na buɗe shi a tsaye don in kakkaɓe ƙasar da ke ciki, sai ga ni zaune a kan benci har aka buga ƙararrawar tashi. Ni dai Allah ya yi ni da bin diddigi. Tun ina ƙarama ake ce min sarkin tambaya, kuma har yau ban warke ba.

Kunya ce ta fara kama ni. Shekara da shekaru ina kai ɗalibai Kusugu su leƙa rijiya su kurɓi ruwanta, ina sa su haddace jerin sarauniyoyi da sarakuna, wanda ya ci yaƙi da wanda aka kora. Maganar bayi kuwa jimla ɗaya nake ba ta: a da akwai bayi, yanzu babu. Ban taɓa tsayawa na tambayi kaina ina suka tafi ba. Littafin ya nuna ba rana ɗaya aka wayi gari aka ce kowa ya kama gabansa ba. Wasu gudu suka yi, wasu suka zauna inda suke har suka saje da mutanen gari, wasu kuma suka tsaya gaban alƙali aka rubuta musu takardar 'yanci. A tsakiyar littafin akwai hoton irin wannan takarda, rubutun Larabci ne da hatimi a ƙasa. Marubucin ya ambata a wucewa cewa masu irin takardun, musamman mata, sukan kai wa dukawa a ɗinke musu a fata su rataya a jiki, domin ko da an ce bauta ta ƙare, ba a daina tare mutum a hanya ana cewa nasu ne ba.

Da na zo nan sai na rufe littafin, saboda Goggo ta faɗo min a rai.

Goggo yayar mahaifinmu ce, ita kaɗai ta rage a cikin manyanmu. Ta haura saba'in a lokacin, ba ta taɓa haihuwa ba, kuma tun da mijinta ya rasu ta dawo gidanmu na gado ta kama ɗaki. Daddawa take yi, duk ranar kasuwar Mai'adua sai ta shiga mota da kwandonta, ko da jikinta ba daɗi. Tana da wata laya da take ratayawa a wuya, ta cusa cikin riga. Fatar ta yi baƙi ƙirin, ta yi santsi saboda gumi da shekaru. A cikin gida takan cire ta ta ajiye a kwalla, amma ko ƙofar gida za ta leƙa sai ta ɗauko ta. Na taɓa ganin ta sauka daga mota a tasha, bayan an gama lodi, ta koma gida a ƙasa don ta manta da ita. Direban ya yi ta masifa, ko waiwaye ba ta yi ba.

Tun ina yarinya na lura layar ba ta yi kama da sauran ba. Layun da aka rataya mana ƙanana ne, dunƙulallu. Ta Goggo kuwa faffaɗa ce, shafal, ta kai tafin hannu. Na taɓa tambaya, aka ce ta mutanen da ce, in rufe bakina.

A daidai wannan lokaci ne Yaya ya tashi haiƙan a kan layu. Shi ne babban wanmu, shi ke riƙe da gida tun rasuwar Baba. Ya yi karatun allo, ya yi na littattafai, Larabci a bakinsa kamar ruwa, kuma shekarun nan sun same shi da zafinsa. Ya bi ɗaki-ɗaki ya tattara layu da guraye da duk wani ƙulli da aka tura a bango, na matarsa da na yara har da wani tsohon kambun Baba, ya tara a bayan gida ya cinna musu wuta. Saura ta Goggo. Sau biyu yana durƙusawa a ƙofar ɗakinta yana roƙo, tana ce masa ya tashi ya ba ta wuri. A na uku ya ce ya ba ta zuwa Juma'a, in ba ta miƙo da hannunta ba zai sa a ɗauko daga kwalla.

Ba na so a ɗauka mugu ne. Ni da shi ba ma shan inuwa ɗaya a kan abubuwa da yawa, amma na san tsoro ne ke cin sa. Ya taɓa ce min, idonsa jawur, ba zai iya tsayawa a kan gawar Goggo ba alhali ya san ta mutu tana dogaro da fata da zare. Sai dai ita ma tana da nata tsoron, kuma layar nan ita ce kaɗai abin da uwarta ta bar mata. Ko zane ɗaya ba ta gada ba.

Ran Talata da la'asar na same ta tana ɓarzar kalwa, na zauna na kama mata. Na ce, "Goggo, wai me ke cikin layar nan?"

Ta ce, "'Yar boko an fara. Ni na ɗinka ta?"

"To me Kaka ta ce miki da za ta ba ki?"

Kaka ita ce uwarsu ita da Baba, ta rasu tun kafin a haife ni. Abin da muka tashi muka ji shi ne 'yar fatake ce daga gabas, ayarinsu ya yada zango a wajen Zango, iyayenta suka rasu a can, aka riƙe ta har ta yi aure. Ba mu san danginta ba, ba wanda ya taɓa zuwa ya ce shi ɗan'uwanta ne, kuma ba wanda ya ga abin mamaki a ciki.

Goggo ta ci gaba da ɓarza. Sannan ta ce, "Ranar da za a kai ni ɗakin miji ta cire daga wuyanta ta sa min. Ta ce kada ruwa ya taɓa ta, kada wuta ta taɓa ta, kada in taka hanya ba ita. Ta ce duk wanda ya tare ni ya ce zai tafi da ni, in ciro in nuna masa, ba zai iya taɓa ni ba."

"Ki nuna masa ta ce? Ba ta ce ki riƙe ki yi addu'a ba?"

"In nuna masa. Kuma ga shi shekara nawa ina bin hanyar Mai'adua, har lokacin da ake tare motoci, ko tsinke ba a taɓa ƙwace min ba."

Ba zan ɓoye ba, wani daɗi ya ratsa ni, irin na wanda ya kusa warware lissafin da ya daɗe yana ba shi wuya. Wace irin laya ce ake nuna wa mutum? Laya ɓoye ta ake yi. Abin da ake nunawa shi ne abin da ake so a karanta.

Nan na yi abin da har yau nake juya shi a raina. Ban gaya mata zargina ba. Ban gaya wa Yaya ba. Sai na je masa da shawara, kamar mai neman sulhu. Na ce tunda ba wanda ya san abin da ke ciki, a buɗe a gani. In surkulle ne da sunayen aljanu, a ƙona, ni da kaina zan lallashi Goggo. In kuwa ba shirka a ciki, ya bar mata abinta. Ya ce ya yarda, don yana da tabbacin abin da za a tarar. Goggo ce ta ba ni wuya. Ta ce laya in an buɗe ta ta karye, wanda ya buɗe kuma yana iya taɓuwa. Na ce, "Goggo, da karyayya a hannunki da toka a bayan gida, wanne kika zaɓa?" Ta zage ni tas, ta haɗa da bokon da wanda ya kai ni. Washegari ta aiko a ce min ta yarda, amma baduku ne zai farke, ba mu da hannuwanmu na ƙeta ba.

Na ce ina ceton layar ne, kuma gaskiya ne. Amma rabin abin da ya tura ni son sani ne tsagwaronsa. Ko da Yaya bai taɓa maganar wuta ba, da sai na nemi hanyar da zan ga cikin fatar nan.

Ran Alhamis da hantsi aka kira wani tsohon baduku na unguwarmu, muka zauna a zaure mu huɗu. Ya karɓi layar ya juya ta, ya shinshina, ya danna da babban yatsa. Ya ce shi tun tasowarsa ɗinkewa yake yi, bai taɓa farkewa ba, kuma ko ya ɗinka ba ya karanta abin mutane. Sannan ya ƙara duba bakin ɗinkin ya ce, "Hajiya, wannan aikin tsofaffi ne, yanzu ba mai irin wannan hannu. Amma naɗin ba na laya ba ne. Laya ana naɗe ta ƙanƙane a ɗaure da zare. Wannan ninke ta kawai aka yi."

Yaya ya ce, "Buɗe dai, Baba."

Ya yi bisimilla ya sa bakin aska yana tsinke zaren ɗaya bayan ɗaya. Goggo ta kau da kai tana kallon bango. A ƙarƙashin fatar akwai wata fata mai laushi, a ƙarƙashinta ƙyallen saƙi, sannan takarda. Ta yi ja kamar an jiƙa ta a ruwan goro, ta tsage a wuraren ninki, sai da badukun ya shimfiɗa ta a kan faifai gutsure huɗu ya haɗa bakinsu. Babu zanen hatimin malamai mai gida-gida, babu sunayen aljanu. Layuka ne 'yan kaɗan na Larabci da hannun mutanen da, da tambarin hukuma a ƙasa. Kusan irin hoton da na gani a littafi.

Yaya ya gyara tabarau ya sunkuya. Ya fara da ƙarfi, irin muryar da yake jan baƙi da ita, yana karantawa yana fassarawa. Bisimilla ce da salati. Sai sunan alƙali, da cewa an zo gabansa. Sai ya ce, "Wance," ya faɗi sunan Kaka, wanda ba zan rubuta a nan ba. Daga nan murya ta tsaya masa. Na ga leɓensa na motsi, ya koma farkon layin, ya sake komawa.

Goggo ta juyo ta ce, "Ka yi shiru. Aljanun ne?"

"A'a, Goggo."

"To karanta mana."

Ya karanta a hankali, kamar mai tafiya a kan ƙaya. Takardar ta ce wance, baiwar wane, ta tsaya gaban alƙali da shaidu, an yanke cewa daga ranar ita ɗiya ce 'yantacciya, ba mai iko da wuyanta, ba mai mayar da ita bauta, ita da abin da za ta haifa. Sai aka siffanta ta don kada wata ta ɗauki takardar. Ya ce, "Doguwa, baƙa, mai tsaga a..."

Goggo ta riga shi. "Uku a goshi, a tsaye. Da kunnen hagu a yanke."

Ya duba takardar ya ce haka ne.

Ta ce, "Nakan sa yatsa ina bin tsagar nan in tana goye da ƙanena. Duk Daura ban taɓa ganin mai irinta ba. Na tambaye ta ta mutanen ina ce, ta ce ta mutanen da suka yi nisa."

Badukun ya tattara askarsa da basillarsa ya ce yana da aiki a rumfa, in an shirya ɗinkewa a aika masa. Dattijo ne mai kunya, ko ido bai haɗa da kowa ba. Yana fita Yaya ya juyo kaina.

"Kin sani. Wallahi kin sani, shi ya sa kika ce a buɗe."

Na ce zargi na yi, a littafi na ga irinta.

"Littafi. Kin tona mana asiri a gaban bare saboda littafi. Gobe a ce gidan nan jikokin baiwa ne? Ina da 'ya'ya a garin nan. Ai gara a ce layar ce." Ya miƙa hannu zai tattara gutsattsarin.

Nan raina ya ɓaci, na manta wana ne. Na ce ashe wa'azin da yake mana kullum, cewa ba wanda ya fi wani sai da tsoron Allah, na lasifika ne kawai? Na ce da ana maganar shirka ne, yanzu kuma kunya ce za ta kunna ashanar? Na faɗi wasu maganganun da daga baya sai da na je na ba shi haƙuri. Shi ma ya faɗi nasa.

Goggo ce ta ɗora tafin hannunta a kan faifan. Ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, "Kai, ɗan nan. Ka ce in shirka ce za ka ƙona. Shirka ce?"

Ya ce, "A'a."

"To mene ne?"

Ya ce, "Hukuncin alƙali ne."

"Ku ne kuke ta kiran shari'a, shari'a, har kuna hana mu barcin rana da lasifika. To ga ta nan a faifai, an yi wa uwata. Ɗauke hannunka."

Ya ɗauke. Ta ce ya sake karanta mata wurin da aka ce ita da abin da za ta haifa. Ya karanta. Ta ce ya ƙara. A karo na uku yana kai ƙarshe ya cire tabarau ya fita, bai ko sa takalmi daidai ba. Ni kuma na zauna ina jiran ta zage ni, don na cancanta. Ba ta zage ni ba. Tambayata ta yi ko littafin nawa ya faɗi daga ina ake kamo masu tsaga uku a goshi. Na ce bai faɗa ba. Ta ce, "To me ya sani?"

Na yi ta neman amsar nan daga baya. Na karanta duk wani littafin tarihin ƙasar nan da hannuna ya kai gare shi, na tambayi wanzamai tsofaffi, wani ya ce kudu, wani ya ce gabas can bayan Barno, ba wanda ya tabbatar. Na gano dai cewa labarin fataken nan Kaka ce ta ƙaga shi, ko mijinta, kuma ban ga laifinsu ba. Sun so 'ya'yansu su yi tafiya a garin nan kai a ɗage, kuma mun yi.

Yaya bai ƙara ta da maganar ba. Amma shi ya ɗauki faifan da kansa ya kai rumfar badukun, ya zauna a wurin har aka liƙa gutsattsarin a kan sabon ƙyalle aka mayar cikin tsohuwar fatar. Ya kawo ya durƙusa a ƙofar ɗakin Goggo ya miƙa mata da hannu biyu. Ta karɓa ta jefa a kwalla.

Ranar kasuwar Mai'adua na biya gidan da sassafe kafin in wuce wani biki. Na tarar ta gama shiri, kwandon daddawa a ƙofa, tana ɗaura ɗankwali. Na raka ta har zaure, sai na ga wuyanta ba igiya. Na ce, "Goggo, kin manta layarki." Har na juya zan ɗauko mata.

Ta ce, "Bar ta. Ki ɗauka ki ajiye a wurinki, ke mai son takardu. Amma kada ki kai ta makarantarku sai bayan raina."

Na ce, "Haka za ki hau hanya?"

Ta ɗora kwandon a ka, ta gyara gammo. Ta ce, "Tun ina amarya nake fita da tsoron in ba ita wani zai kama ni. Ashe tun kafin a haife ni aka sallame ni, ba wanda ya gaya min."

Na tsaya a ƙofar gida ina kallon ta har ta sha kwanar masallaci. Sau ɗaya na ga hannunta ya tafi ƙirji yana laluben inda layar take zama. Sai ta sauke shi, ta riƙe kwandonta, ta ci gaba da tafiya.